Piyer Beziye, injiniyan da ya mai da lanƙwasa lissafi

A cikin jerin tarihin mutanen da aikinsu ya amfani duniya, yau muna kawo wa masu karatu labarin wani Bafaranshe mai suna Piyer Beziye, wanda a faransanci ake rubuta sunansa Pierre Bézier. An haife shi a shekarar 1910, ya rasu a shekarar 1999. Ma'aikacin masana'antar mota ne, ya yi shekara 42 a kamfani guda. Amma duk wanda ya karanta jaridar da aka shirya da kwamfuta, ko ya duba rubutu a fuskar wayar hannu, to, ya ci moriyar aikin mutumin nan, ko da bai taɓa jin sunansa ba. Dalili kuwa shi ne, baƙaƙen da ake bugawa a yau, da zane-zane masu yawa da masu fasaha ke yi da kwamfuta, ana fitar da siffarsu ne da wata dabarar lissafi wadda duniya ta sani da sunan lanƙwasar Beziye.

Domin a gane girman abin da ya yi, sai mai karatu ya yi wannan tunani. Miƙaƙƙen layi yana da sauƙin bayani: a faɗi inda ya fara da inda ya ƙare, shi ke nan. Da'ira ma haka: a faɗi tsakiyarta da faɗinta. To, amma yaya mutum zai bayyana wa wanda ke wani gari siffar wuyan buta, ko ƙahon sa, ko goshin mota, har wancan ya ƙera irinsa daidai ba tare da ya gani ba? Wannan tambaya ita ce Beziye ya ba shekaru masu yawa na rayuwarsa ta aiki.

Haihuwarsa da karatunsa

An haifi Piyer Beziye a birnin Pari ran 1 ga watan Satumba na 1910. Mahaifinsa injiniya ne, saboda haka yaron ya tashi a gidan da ake girmama ma'auni da aikin ƙarfe. Da ya isa, sai ya shiga babbar makarantar sana'o'i ta Faransa, wadda ake kira Arts et Métiers, inda ake horar da injiniyoyi. Tsarin makarantar nan shi ne ɗalibi ya raba lokacinsa tsakanin aji da maƙera: ya koyi lissafi da zane, ya kuma riƙe guduma da magagari da hannunsa. Ya fito da takardar shaidar injiniya a 1930, sa'an nan ya ƙara shekara guda a babbar makarantar ilimin lantarki, ya gama a 1931.

A 1933 ya sami aiki a kamfanin motoci na Renault, a garin Biyankur da ke gefen Pari, bakin kogin Sen. A lokacin nan duniya tana cikin karayar arzikin da ta fara tun 1929, aiki kuwa ya yi wuya. Duk da takardunsa biyu, Beziye ya fara ne daga ƙasa, a matsayin mai gyara da daidaita kayan aikin yankan ƙarfe, kafaɗa da kafaɗa da sauran ma'aikata. Bayan shekara guda aka mai da shi ofishin da ake zana kayan aikin. Wannan farawa daga ƙasa ta yi masa rana daga baya, gama ya san abin da hannun ma'aikaci ke iyawa, ya kuma san irin bayanin da ma'aikaci ke ganewa.

Yaƙi da zaman kaso

Sa'ad da yaƙin duniya na biyu ya tashi a 1939, aka kira shi aikin soja. A 1940 sojojin Jamus suka ci Faransa, suka kama shi tare da dubban ƴan'uwansa, aka tsare shi a wani sansanin fursunonin yaƙi a ƙasar Jamus. A zaman nan na dole, inda babu inji babu maƙera, ya duƙufa ga tunanin yadda za a gyara tsarin ƙera injin mota. An sake shi a 1941, ya komo Biyankur da dabararsa a ka.

Ga yadda matsalar take. Gangar jikin injin mota dunƙulen ƙarfe ne mai nauyi, wanda sai an huda shi a wurare da yawa, an goge fuskokinsa sun yi sumul. A da, kowace na'ura aiki ɗaya take yi, sai ma'aikaci ya ɗauke dunƙulen ya kai wa ta gaba, ya sake ɗaure shi, ya sake aunawa. An riga an gwada jera na'urori a layi guda a Ingila da Amurka, yadda ƙarfen zai riƙa tafiya da kansa daga zango zuwa zango. Abin da Beziye ya ƙara shi ne, ya tsara kawunan na'ura masu aiki da lantarki, kowanne mai cin gashin kansa, duk a kan ma'auni guda, yadda za a iya harhaɗa su, a warware, a sake jera su domin wani aikin dabam.

A watan Janairu na 1945 gwamnatin Faransa ta karɓi kamfanin Renault ya zama na ƙasa. Ƙasar tana farfaɗowa daga yaƙi, ana bukatar ƙaramar mota mai araha wadda ma'aikaci zai iya saye. Motar ita ce 4CV, watau mai ƙarfin doki huɗu a lissafin haraji. An fara ƙera ta a 1947, aka daina a 1961, an kuwa fitar da fiye da miliyon ɗaya, abin da wata motar Faransa ba ta taɓa yi ba kafin ta. Na'urorin da Beziye ya tsara su ne suka sassaƙa yawancin sassan injinta. Saboda haka girma ya riƙa zo masa: a 1945 ya shugabanci ofishin zanen kayan aiki, a 1948 aka ba shi kula da hanyoyin ƙira, a 1957 ya zama darektan sashen na'urorin ƙira na kamfanin. Da a nan labarinsa ya tsaya, da ya isa a tuna da shi a tarihin masana'antun Faransa. Amma babban aikinsa yana gaba.

Siffar da ba ta da lamba

Sassan inji duk suna da ma'auni: rami kaza mai faɗin milimetir kaza, a nisan milimetir kaza daga baki. Jikin mota na waje kuwa ba haka yake ba a wancan zamani. Da farko mai fasaha ya zana motar a takarda. Sa'an nan a gina ƙaramin samfurinta da yumɓu ko farar ƙasa. In shugabanni sun yarda da shi, sai masu zane su fitar da layukanta a kan manyan tebura, daidai da girman motar, suna amfani da wasu sirara-siraran sanduna masu tanƙwaruwa waɗanda ake dannewa da dalma, da kuma faranta masu lanƙwasa iri-iri. Daga zanen nan masassaƙa su sassaƙa cikakken samfuri da itace mai ƙarfi. Daga samfurin itacen kuma a kwafi ƙarafan matsi, watau manyan dunƙulen ƙarfe biyu, na sama da na ƙasa, waɗanda ake matse fallen ƙarfe a tsakaninsu ya fito da siffar ƙofa ko rufi.

A kowane mataki ido da hannu ne ke hukunci, a kowane mataki kuma ɗan kuskure yana shiga. Gefen dama ya kan saɓa da na hagu kaɗan. Itace ya kan kumbura da laima, ya tsuke da zafi. In an zo haɗa ƙofa da jiki suka ƙi zama, sai a koma ga magagari. Aikin yana cin watanni masu yawa. Mafi muni, ainihin siffar motar ba ta rubuce ko'ina. Tana cikin samfurin itace guda, da hannuwan tsofaffin gwanaye. Ba a iya aika ta a wasiƙa, in kuwa gwani ya tsufa ya bar aiki, wani abu nata ya tafi da shi.

A 1952 malaman cibiyar fasaha ta jihar Masacuset a Amurka suka nuna wata na'urar yankan ƙarfe wadda ke bin umurnin lambobi. Ana huda lambobin a kan dogon zaren takarda, na'ura ta karanta, ta kai wuƙarta inda aka ce. Beziye, wanda ya yi shekaru yana tsara na'urori, ya gane cewa wannan ita ce hanyar gaba. Sai dai na'urar lambobi take ci, jikin mota kuwa ba shi da lamba. Daga 1960, sa'ad da aka mai da shi ɓangaren binciken fasaha na kamfanin, ya sa wannan matsala gaba.

Akwai masu ganin a ci gaba da sassaƙa samfuri, in ya so a auna ɗigo dubbai a jikinsa a ba kwamfuta. Beziye bai gamsu da haka ba, domin kuskuren samfurin zai bi lambobin. Shi nufinsa mai zane ya haifi siffar da lambobi tun daga farko. Ya kuma kafa wa kansa sharaɗi: dabarar ta zama wadda mai zanen masana'anta zai iya aiki da ita, mutumin da ya fito makarantar sana'a, wanda ya san ma'auni da kusurwa, amma bai yi zurfi a lissafin jami'a ba.

Turaku huɗu da igiya

Mai karatu yana iya gwada dabarar a fili, da turaku huɗu da igiya. A kafa turke na ɗaya. A auna metir 8 gabas da shi, a kafa na huɗu. A koma ga na ɗaya, a auna metir 8 arewa da shi, a kafa na biyu. Haka kuma a auna metir 8 arewa da na huɗu, a kafa na uku. A ja igiya daga na ɗaya zuwa na biyu, daga na biyu zuwa na uku, daga na uku zuwa na huɗu. Igiyoyi uku ke nan.

A sa alama a tsakiyar kowace igiya, alamu uku ke nan. A haɗa alamun nan bi da bi da sababbin igiyoyi biyu, a sa alama a tsakiyar kowacce. A haɗa waɗannan alamu biyu da igiya ta ƙarshe, a nemi tsakiyarta, a aza dutse. In an auna, za a tarar dutsen yana tsakiyar fili, metir 6 arewa da layin da ya haɗa turke na ɗaya da na huɗu. Sa'an nan a sake aikin duka, amma maimakon rabi a riƙa auna rubu'in kowace igiya daga farkonta. Dutse na biyu zai faɗi metir 1 da santimetir 25 gabas da turke na ɗaya, metir 4 da rabi arewa da shi. In aka yi ta yi da wasu kason, duwatsun za su jeru su fitar da baka mai kyau, irin wanda maginanmu ke kira bakan gizo, ya tashi daga turke na ɗaya ya sauka a na huɗu.

A lura da abu uku. Bakan bai taɓa turke na biyu da na uku ba, jansa kawai suke yi zuwa wajensu. In an gusar da ɗaya, bakan sai ya karkata ya bi shi, saboda haka mai zane yana iya gyara siffa da ido har ta gamshe shi. Na biyu, bakan ba ya fita daga cikin shingen da turakun suka yi, saboda haka mai zane ya san iyakar inda layinsa zai kai tun bai gan shi ba. Na uku, kowane turke lamba biyu ke bayyana matsayinsa, nisansa gabas da nisansa arewa. Ke nan lambobi 8 sun isa su riƙe bakan duka. Wanda aka aika wa lambobin nan 8, ko a wace ƙasa yake, zai fitar da baka iri ɗaya. In ana son a ninka girmansa sau goma, sai a ninka lambobin sau goma.

Jikin mota kuwa shimfiɗa ce mai tudu da kwari, saboda haka maimakon turaku huɗu sai a yi raga ta ɗigo 16, huɗu sau huɗu, kowanne da lamba uku: tsawo, faɗi da bisa. Ragar tana fitar da falle guda mai lanƙwasa, sa'an nan a haɗa falle da falle, kamar yadda baduku ke ɗinka guntayen fata su zama jaka. Ya kamata a faɗi cewa hanyar raba igiya da muka nuna a nan ta wani mutum ce dabam, wanda za mu zo kansa. Beziye ya bi wata hanyar lissafi, amma lanƙwasar da ta fito ɗaya ce.

Daga takarda zuwa masana'anta

Ba a karɓi shawararsa hannu bibbiyu ba. Wasu manyan kamfanin suna ganin da abin mai yiwuwa ne, da Amurkawa sun riga sun yi shi. Gwanayen samfuri kuma ba su ga yadda lambobi za su maye ido da hannun da suka yi shekaru suna horarwa ba. Beziye ya yi haƙuri, ya ci gaba da aikinsa. A 1966 da 1967 ya buga bayanin dabararsa a wata mujallar injiniyoyi mai suna Automatisme. A 1968 aka fara gwada tsarin da ya kira UNISURF. Tsarin ya haɗa abu uku: kwamfuta mai yin lissafi, na'urar zane mai fitar da layuka a babbar takarda, da na'urar sassaƙa mai fitar da siffar a jikin wani abu mai taushi. Mai zane ya ba da lambobinsa, ya ga zanen, ya shafa siffar da hannu, in ba ta yi masa ba ya sāke lambobi. In ta yi, lambobin nan su ne za a ba na'urar da ke yanka ƙarafan matsi, babu sauran kwafi a tsakani. Zuwa 1975, shekarar da ya yi ritaya, tsarin ya kama aiki sosai a kamfanin.

Tun daga 1968 har 1979 yana kuma koyarwa a wata tsohuwar makarantar Pari mai suna Conservatoire national des arts et métiers, wadda aka kafa a 1794. Makarantar manya ce: yawancin ɗalibanta ma'aikata ne masu zuwa karatu bayan an tashi daga aiki. A 1970 ya wallafa littafi a kan amfani da na'urori masu bin lambobi, aka juya shi zuwa ingilishi a 1972. Shi kansa bai daina neman ilimi ba. A 1977, bayan ya haura shekara 65, ya gabatar da kundin bincikensa a jami'ar Piyer da Mari Kuri ta Pari, aka ba shi digirin dokta a lissafi. Lalle gemu ba ya hana ilimi.

Mutumin da ya riga shi

Adalci ya wajabta a ambaci wani mutum. A wancan zamani akwai kamfanin Citroën a birnin Pari, abokin gasar Renault. A 1958 kamfanin ya ɗauki wani saurayi masanin lissafi mai suna Pol da Kastaljo, a faransanci Paul de Casteljau, haifaffen 1930. A 1959, watau shekaru kafin Beziye ya buga nasa, saurayin nan ya riga ya gano lanƙwasar, ya kuma fito da hanyar raba igiya da muka gwada a sama. Mutanen biyu kowa ya yi aikinsa ba tare da ya ga na ɗan'uwansa ba. Amma Citroën ta ɗauki binciken asirin kamfani ne, ta hana a buga shi. Rahotannin Kastaljo na 1959 da 1963 suka zauna a kulle. Sai a 1975 wani malamin lissafi Bajamushe, Wolfgang Bem, ya sami kwafinsu ya sanar da masana.

Kafin nan suna ya riga ya bi wanda ya yi magana a fili. A 1972 wani malamin jami'ar Kambirij ta Ingila, Robin Fores, ya rubuta maƙala a kan aikin Beziye, ya nuna cewa lissafinsa ɗaya ne da wani wanda masanin ƙasar Rasha, Sarge Barnishten, ya fito da shi tun 1912 domin wata bukata ta ilimi zalla. Ashe maganin matsalar masu ƙera mota ya yi kusan shekara 50 yana kwance a littattafan lissafi, ba wanda ya haɗa shi da aikin masana'anta. Daga lokacin nan masana suka riƙa cewa lanƙwasar Beziye, sunan kuwa ya zauna. Abin da ya rage wa Kastaljo shi ne hanyar rabawar, wadda har yau ake kira da sunansa.

Daga mota zuwa zane

A shekarun da Beziye ke fama da jikin mota, wani sabon fannin ilimi yana tasowa a jami'o'in Amurka, watau ilimin zane da kwamfuta. A 1963 wani ɗalibi mai suna Aiban Sazaland ya nuna cewa mutum yana iya zane kai tsaye a fuskar kwamfuta da wani alƙalami mai haske. A 1968 ya koma koyarwa a jami'ar jihar Yuta, wadda ta zama cibiyar fannin. A can aka yi wani taron masana a 1974 a kan tsara siffofi da kwamfuta, Beziye kuma ya gabatar da bayanin UNISURF. A shekarar nan ce wasu masana biyu, Wiliyam Godon da Ricad Rizanfel, suka faɗaɗa dabararsa yadda za a iya jan dogon layi mai lanƙwasa da yawa ba tare da gaɓoɓinsa sun nuna ba.

A 1975 wani mai bincike a Yuta, Martin Niwel, yana neman abin da zai gwada lissafinsa a kai. Sai ya ɗauki butar shayin gidansa, ya zana ta a takarda mai gida-gida, ya shigar da siffarta cikin kwamfuta da fallayen Beziye. Da yake lambobin kaɗan ne, ya kuma bar su ga kowa, sai butar ta zama abin gwajin masu bincike a duniya duka: wanda ya ƙirƙiro hanyar nuna inuwa, ko ƙyalli, ko launi, a kanta yake fara gwadawa. Har ta fito a majigin Toy Story na 1995, wanda shi ne dogon majigi na farko da aka yi shi duka da kwamfuta. Ita butar ta ainihi tana ajiye a gidan tarihin kwamfuta na jihar Kalifoniya.

Wani tsohon ɗalibin Yuta, Jon Warnok, shi da abokinsa Carlis Geshke suka kafa kamfanin Adobe a 1982. A 1984 suka fito da PostScript, watau harshen da kwamfuta ke gaya wa injin ɗab'i siffar shafi, suka kuwa zaɓi lanƙwasa mai ɗigo huɗu ta zama tubalinsa. A 1987 suka fitar da Illustrator, inda mai fasaha ke kafa ɗigo a fuskar kwamfuta ya ja ƴan sanduna biyu, layi ya tanƙwaru yana bin hannunsa. Sandunan nan su ne turke na biyu da na uku. Ta haka dabarar da aka yi domin ƙofar mota ta shiga hannun masu zanen tambari, da taswira, da littattafan yara, da allunan talla.

A nan ya kamata a bambance hoto iri biyu. Hoton da kyamara ke ɗauka tarin ƙananan ɗigo ne masu launi. In an faɗaɗa shi ƙwarai sai ya dushe, ɗigon su bayyana. Zanen da aka yi da lanƙwasa kuwa lambobi ne, kwamfuta tana sake lissafa shi a kowane girma. Tambari guda zai zauna a kan hatimi, ya kuma cika bangon gida, bakinsa yana nan da kaifinsa.

Abin da ya shafe mu

A 1966, shekarar da Beziye ya buga maƙalarsa ta farko, hukumar UNESCO ta tara masana a Bamako domin daidaita baƙaƙen rubuta wasu harsunan Afirka ta Yamma, har da hausa, da zabarmanci, da barbarci, da fulatanci, da buzanci. Amma yarda da harafi a taro abu ɗaya ne, samunsa a maɗaba'a wani abu ne. A zamanin baƙaƙen dalma, kowane harafi sai an zuba shi da ƙarfe, a kowane girma dabam. Tafiretocin ofisoshi kuwa na faransanci ne, ba su da ɓ, ɗ, ƙ da ƴ. Tsofaffin ma'aikatan yaƙi da jahilci sun san wahalar nan: a buga takarda, sa'an nan a bi ta da alƙalami ana ƙara ƙugiyoyi ɗaya bayan ɗaya, ko kuwa a bar su, mai karatu ya rasa ko kafa ake nufi ko ƙafa.

Yau harafi zane ne da aka ajiye da lambobi. Ƙugiyar ƙ ƴan lanƙwasoshi ne kaɗan. In gwani ya zana ta sau ɗaya, ta isa kowane girma da kowane injin ɗab'i. Tsarin PostScript da tsarin TrueType, wanda kamfanin Apple ya fitar a 1991 da lanƙwasa mai ɗigo uku, duk a kan wannan lissafi suke. A 1991 ɗin nan kuma tsarin Unicode ya fara ba haruffa lambobinsu na duniya, har da namu masu ƙugiya. Baƙaƙen ajami da na tifinag ma ta wannan hanya ake zana su. Beziye bai yi aikinsa domin hausa ba, amma hausa ta sami rabonta a ciki, domin ilimin ya fito fili inda kowa zai ɗiba.

Ƙarshen rayuwarsa

Ƙungiyar masana zane da kwamfuta ta duniya, wadda ake kira SIGGRAPH, tana da babbar lambar yabo mai sunan Stiben Kuns, ɗaya daga cikin magabatan fannin. An fara ba da ita a 1983 ga Aiban Sazaland. Ta biyu, a 1985, Piyer Beziye aka ba. Jami'ar fasaha ta Barlin ma ta ba shi digirin girmamawa. Ya rasu ran 25 ga watan Nuwamba na 1999, yana da shekara 89. A 2007 wata ƙungiyar masana ta kafa lambar yabo da sunansa, a 2012 kuma ta miƙa ta ga Pol da Kastaljo, wanda ya rayu har 2022. Ta haka masana suka biya wani abu daga cikin bashin da ake bin su.

Masu karatu, mutum biyu sun gano abu ɗaya a birni ɗaya. Na farko an kulle iliminsa a akwati, kamfani guda ya amfana. Na biyu ya sauƙaƙa nasa har ma'aikaci ya gane, ya rubuta shi, ya koyar da shi ga manya masu zuwa karatu bayan aiki, ya kai shi taron masana, sai duniya ta ɗauka ta yi abin da shi kansa bai zata ba. A garuruwanmu akwai magina, da maƙera, da dukawa, da masaƙa, waɗanda ma'auninsu yana cikin ido da hannu kaɗai, kamar gwanayen Biyankur na da. Waɗanda suka koyi karatu da rubutu, da ma'aikatan da aka ɗora wa kula da sana'o'i, suna iya zama da su, su auna, su rubuta da harshen da masu sana'ar ke ji, tun gwanayen suna raye. Allah ya ƙara mana ilimi mai amfani.